Ajin tarihin fiƙihu na Telegram: darasi ɗaya ne ya biya ni kuɗina

Ajin nan na mako takwas da aka yi ta tallarsa, wanda aka ce za a ɗauko tarihin fiƙihu tun daga zamanin sahabbai har shigowar Malikiyya ƙasar Hausa, ni ma na shiga, na biya abin da kowa ya biya. Masu tambayata ta bayan fage ko ajin ya cancanci kuɗinsa, ga amsarku gaba ɗaya.

Makonni ukun farko cizon yatsa na yi. Malam shekaru kawai yake jero mana: Abu Hanifa ya rasu 150 bayan hijira, Malik 179, Shafi'i 204, Ahmad 241. Wannan ai ɗan Islamiyya ma ya haddace. Ga ƙarar janareta a bayansa, ga murya tana yankewa. Har na ce wa maiɗakina da na sani da cefane na ƙara da kuɗin.

Sai mako na huɗu. Ranar ya kawo mana wasiƙar da Imamu Malik ya aika wa Laisu ɗan Sa'adu, malamin Masar da ya rasu 175, da amsar da Laisu ya mayar. Wallahi ina zaune a shago ina saurare da abin kunne, mai sayen kaya ya yi sallama sau biyu ban ji ba. Malik ya rubuta masa ne saboda ya samu labarin yana ba da fatawa saɓanin abin da mutanen Madina suke a kai, alhali Madina ce gidan hijira, a can aka saukar da hukunce-hukunce, sauran garuruwa mabiyanta ne. Ni da na taso a kan littattafan Malikiyya, Ahalari da Ishmawi da Risala, a nan na ɗauka magana ta ƙare. Ashe da saura. Laisu ya amsa cikin ladabi, bai musa falalar Madina ba, amma ya tuna masa cewa sahabbai da yawa sun fita jihadi sun bazu a Sham da Masar da Iraƙi, kowa da ilimin da ya ɗauka, kuma su kansu malaman Madina sun saɓa wa juna bayan sahabbai. Sannan ya shiga kawo misalai: yanke hukunci da shaida ɗaya haɗe da rantsuwar mai ƙara, da lokacin da mace za ta iya neman ragowar sadakinta da aka jinkirta, da haɗa salloli biyu a daren ruwan sama.

Wannan na ƙarshen shi ya kama ni. Hujjar Laisu ita ce ruwan Sham ya fi na Madina nesa ba kusa ba, kuma manyan sahabbai irin su Abu Ubaida da Mu'azu ɗan Jabal sun zauna a can, amma limamansu ba su haɗa ba. Daminar bara a masallacin unguwarmu liman ya haɗa Magariba da Isha'i, wani matashi ya ƙi bi, ni kuwa na tsare shi a bakin ƙofa na kira shi jahili a gaban mutane. Ashe maganar da muke wa juna tsawa a kanta, manya biyu sun tattauna ta a rubuce fiye da shekara 1200 da suka wuce, ba wanda ya zagi wani. Har yanzu ina haɗawa, mazhabata ce kuma tana da hujjarta, amma washegari sai da na nemi yaron nan na ba shi haƙuri. Malam ya rufe da maganar da ake ruwaitowa daga Shafi'i, cewa Laisu ya fi Malik fiƙihu sai dai almajiransa ba su tsaya masa ba. Daga nan na fara gane yadda mazhaba take rayuwa ko ta ɓace, kamar ta Imamu Auza'i, malamin Sham, da aka daɗe ana bi a Sham da Andalus. A daren na tura wa abokai uku na ce su yi rajistar zagaye na gaba.

Yanzu kuwa ina jin kunyar su ukun. Don abin da ya sa na biya tun farko shi ne makonni biyun ƙarshe, yadda wannan fiƙihun ya iso gare mu. Mako na bakwai a guje aka yi shi: Ibnul Ƙasim a Masar, Asad ɗan Furat da Sahnunu a Ƙairawan ta ƙasar Tunisiya, littafin Mudawwana, sai Ibnu Abi Zaid mai Risala da ya rasu 386, duk cikin abin da bai kai minti ashirin ba, wai malam yana da ɗaurin aure. Mako na takwas aka ɗage, aka sake ɗagewa, daga baya aka ce an yi shi ranar da rabinmu ba mu san da shi ba. Timbuktu, Ahmad Baba, zuwan Al-Maghili Kano zamanin Muhammadu Rumfa, yadda Muktasar na Shehu Halilu ya zama littafin alƙalanmu, ko kalma ɗaya ban ji ba. Na nemi rikodin, mai kula da ajin ya ce ya goge a wayarsa. Haba Malam! Na janareta duk suna nan, wanda ake so ne kaɗai ya san hanyar gogewa?

Takardun da aka ce za a turo ma shiru, balle shaidar kammalawa. Jiya na sake tura wa mai kula da ajin saƙo, na ga alamar ya karanta, bai ce komai ba. Rikodin mako na huɗun dai na ajiye shi a waya da kwamfutar ƙanena, gudun kada shi ma ya bi sahu.