Wasan Okabe da masoya suka haɗa: na sha dariya, amma wuri ɗaya ne ya kama ni

Ƙanena ne ya turo mini shi, wani ɗan wasan barkwanci na kyauta da masoyan Steins;Gate suka haɗa da Ren'Py, manhajar haɗa wasannin labari na kwamfuta. Dare biyu na yi na gama shi a kwamfuta.

Asalin Steins;Gate wasa ne na karanta labari da ya fito a Japan a 2009 a kan Xbox 360, kafin kamfanin White Fox su mai da shi anime, wato fim ɗin zane irin na Japan, mai kashi 24 a 2011. Jaruminsa Okabe Rintaro ɗalibin jami'a ne da ke yawo a Akihabara da farar rigar ɗakin gwaji, yana kiran kansa Hououin Kyouma, mahaukacin masanin kimiyya.

Waɗanda suka haɗa wannan sun san mutumin nasu ciki da bai. Okabe zai kara waya a kunne, babu kowa a layi, yana raɗa cewa wata Ƙungiya ta asiri na bin sawunsa. Aikinka ka riƙa tura saƙo zuwa jiya ta na'urar ɗumama abinci, a kan abin da bai kai ya kawo ba: lemon Dr Pepper da abokinsa Daru ya shanye, ayabar Mayuri, ƙawarsa ta ƙuruciya, da ta koma koriya shar tana yauƙi. Ka gyara nan, can ya ɓaci. Duk lokacin da aka ba ni zaɓi sai na kira Kurisu, matashiyar masaniyar kimiyya da ke aiki tare da su, da Christina, laƙabin da Okabe ke tsokanarta da shi, don in ga yadda za ta harzuƙa.

Zanen bai daidaita ba, babu murya, kuma sau biyu ya tsaya mini cak. Daga tsakiya barkwancin ya fara maimaita kansa.

Sai ga wani ɗan gajeren fage a saman bene. Kiɗa ya ɗauke, Mayuri ta miƙa hannu sama, Okabe ya riƙo ta bai ce uffan ba. Wanda ya kalli labarin ya san cewa a makabarta, bayan rasuwar kakarta, Okabe ya fara wannan haukan na masanin kimiyya, ya ce ya yi garkuwa da ita don kada ta ɓace masa. Wallahi na daɗe ban danna gaba ba.

Kada ka taɓa wasan sai ka gama kallon anime ɗin, domin tun a minti goma na farko yake tona asirin kashi na 12.