Wata huɗu da madubin hangen nesa 10x50 a saman Maradi

Tun watan Oktoba nake riƙe da wannan madubin hangen nesa mai ido biyu, wanda aka rubuta 10x50 a jikinsa, kuma yanzu da Fabrairu ta kama ina ganin na isa in faɗi albarkacin bakina. Jika 35 na biya a wani shago cikin kasuwa, bayan mun sha ja-in-ja. Mai shagon ya rantse mini cewa zan ga ramukan wata da zoben duniyar Zuhal. Wata kam ana ganin ramukansa tsaf. Zuhal kuwa ɗan ɗigo ne mai ruwan ɗorawa, ba zobe ba alamarsa. Na yafe masa, ɗan kasuwa ne.

Lambar 10 tana nufin yana kusanto da abu sau goma, 50 kuma faɗin gilashin gaba ne da milimita. Ga mai kallon dare, ta biyun ce babba, domin faɗin gilashin shi ke tara hasken da ƙwayar ido ba ta iya tarawa.

Daren farko a kan soron gidanmu na gwada shi, kuma saura kaɗan in mayar da shi washegari. Fitilun maƙwabta da na masu shayi da na ƴan kabu-kabu sun wanke sama fes, ban ga komai ba sai taurarin da na saba gani. Sai da muka fita gonar gidanmu ta wajen Jiratawa, bayan an gama yankan gero, a ƙarshen watan Musulunci da babu farin wata, sannan na san abin da na saya. Wannan shi ne sharaɗin farko, kuma ba a rubuta shi a kwali ba: duhu. Ka kashe waya, ka ba idonka minti ashirin ya saba.

Da taimakon manhajar Stellarium mai nuna taswirar sama na laluɓo garken taurarin Andiromeda, wadda a lokacin take can sama sosai bayan isha'i. Wani ɗan hayaƙi ne mai tsawo, fari-fari, tsakiyarsa ta fi haske, kamar an shafa yatsa mai gari a baƙin allo. Na miƙa wa ɗan yayata da ya rako ni. Ya duba, ya sauke, ya goge gilashin da bakin rigarsa, ya sake dubawa.

"Kawu, anya ba datti ba ne a madubin?"

Ban ga laifinsa ba. Ya saba da hotunan Andiromeda na Facebook masu shuɗi da ja da hannaye a murɗe, waɗanda kyamara ke shafe sa'o'i tana tara haskensu. Ido ba ya yin haka. Duk wanda zai sayi wannan madubi don ya ga irin hotunan nan, ya riƙe kuɗinsa.

Ni kuwa dattin nan ne ya hana ni barci. A shekarar 964, masanin taurari Abdurrahman al-Sufi, mutumin Farisa da ya yi aiki a Isfahan, ya ambaci wannan tabo a littafinsa na taurari tabbatattu, ya kira shi ɗan ƙaramin gajimare. Da ido zalla ya gan shi, shekaru sama da 600 kafin a ƙera madubin hangen nesa. Daga nan aka yi ta gardama a kan ko mene ne, hayaƙi ne a cikin namu garken taurarin da rana take ciki ko wani garke ne daban. Sai a 1923 Edwin Hubble, da madubi mai faɗin inci 100 a dutsen Wilson na Kalifoniya, ya tsinci wani tauraro a cikinsa mai ƙaruwa da raguwar haske a kan ƙa'ida. Tun 1912 Henrietta Leavitt ta gano cewa tsawon lokacin da irin wannan tauraro ke ɗauka yana bayyana ainihin ƙarfin haskensa, don haka ana iya auna nisansa. Lissafi ya nuna tabon yana can waje da garkenmu gaba ɗaya. Awon yau ya sa shi a nisan shekarar haske miliyan 2.5, wato hasken da ya faɗo idon yaron nan ya yi shekaru miliyan biyu da rabi a hanya, yana gudun kilomita 300,000 a kowace daƙiƙa. Da na faɗa masa haka ya yi shiru, ya karɓi madubin, bai dawo mini da shi ba sai da na roƙa.

Inda madubin ya biya kuɗinsa ba gardama shi ne Kaza da Ƴaƴanta. Dattijon da ke kwana a gonar yana tsaron damman hatsi ya zo ya ga abin da muke yi, na tambaye shi ƴaƴa nawa yake ƙirga wa kazar.

"Da ƙuruciya bakwai, yanzu biyar da ƙyar."

"Baba, duba ta nan."

Ya daɗe kafin ya daidaita hannunsa. Da ya same ta sai ya yi salati, ya ce ashe kazar nan ta yi ƙyanƙyasa ba mu sani ba. Taurari ne gommai, farare masu ɗan shuɗi, duk a cikin da'ira ɗaya, kamar an watsa tsaki a tabarma. Galileo, masanin taurari ɗan Italiya, ya zana 36 daga cikinsu a 1610, da madubin da filin ganinsa ƙanƙane ne, sai ya bi su gefe-gefe. Wannan nawa yana ɗauke curin gaba ɗaya a kallo guda, kuma a nan ya fi manyan madubai masu ƙafa daɗin kallo. Nisansu kimanin shekarar haske 440 ne, maƙwabta ke nan in an gwada da Andiromeda.

Gajimaren Oriyon ma ya fito da kyau a Disamba, ƙarƙashin taurarin nan uku da ke jere. Toka-toka ne, mai fikafikai, kuma in ka ɗan kawar da ido gefe maimakon ka zura masa kai tsaye, sai ya ƙara faɗi. Iskar gas ce da ƙura inda sababbin taurari ke haɗuwa. A manhaja sunansa M42, Andiromeda M31, Kaza M45. Harafin na Charles Messier ne, Bafaranshe mai farautar taurari masu wutsiya, wanda waɗannan tabbunan suka riƙa ruɗa shi, sai ya jera su a takarda don kada a sake ɗaukarsu abin da ba su ba. Jerinsa na farko ya fito a 1774 da abu 45, yau ana ƙirga 110. Abin dariya, da jerin abubuwan da suka dame shi ake tunawa da shi. Na farkon jerin, M1, ragowar tauraron da ya fashe wanda Sinawa suka rubuta ganinsa a 1054, dare uku ina nemansa ban gan shi ba. Ya fi ƙarfin wannan madubi, ko ya fi ƙarfin idona.

To, ga aibobinsa. Yana da nauyi, minti biyu hannu ya fara rawa, taurari su koma tsalle. Maganin da na samu shi ne kwanciya rigingine a tabarma, ko in jingina gwiwar hannu a kan amalanke. Taurarin da ke bakin da'ira ba sa fita tas, suna jan ɗan wutsiya. Igiyar wuyansa ta tsinke a mako na biyu, Allah ya sa a kan rairayi ya faɗi. Murafen gilashin ba sa zama, ɗaya ya riga ya ɓata a gona. Tun da hunturu ya shigo kuma, ƙura ta shiga abin murzawar da ake daidaita gani, yana ƙarar yashi. Wanda zai saya ya gwada tun a shago: ya kalli eriya mai nisa, ya tabbata idanun biyu sun haɗu sun ba da hoto ɗaya. Na farkon da aka miƙo mini biyu-biyu yake nunawa, sai da aka canza.

Hazo ba laifin madubi ba ne, amma ya cinye mini rabin Janairu. Abin da nake hari shi ne Omega Sentauri, dunƙulen taurari kusan miliyan 10 wanda Edmond Halley ya lura da shi a 1677 daga tsibirin Sant Helena. Mutanen Faransa da Ingila ba sa ganinsa daga gida, mu kuwa a Maradi yana hawa kusan digiri 29 sama da ƙasa ta wajen kudu. Sau biyu na tashi kafin kiran assalatu na fita, sau biyu hazo ya rufe kudun baki ɗaya. A na uku na same shi, dunƙule mai dishi-dishi kamar curin fura a cikin hayaƙi, minti kaɗan kafin gari ya fara wayewa. A Afrilu zai riƙa kaiwa wannan tsayin da tsakar dare, kuma Baba mai gadi ya ce in na zo in taso shi ko yana barci.