Rumfar tsofaffin fina-finai a kasuwar Porta Portese, da yadda na san Paolo Stoppa

Duk wanda yake zaune a birnin Rum ko ya zo wucewa, idan yana son tsofaffin fina-finan Italiya, ya daure ya je kasuwar Porta Portese ran Lahadi da safe, ita ce kasuwar gwanjonsu, daga tsofaffin kaya sai littattafai sai tarkace. Can ciki akwai wani dattijo mai teburin fayafayen DVD a cikin kwalaye, ni dai wajensa nake sayayya yanzu kuma wallahi ban taɓa nadama ba.

Ranar da na fara zuwa fim ɗin kaboyi nake nema, wanda Sergio Leone ya yi a 1968, C'era una volta il West, don tun muna yara muke kallon irinsu a gida. Yana miƙo min sai ya sa yatsa a bayan kwalin kan wani suna da ban taɓa lura da shi ba, wai na san wannan? Na ce a'a. Ashe tsohon nan ne mai keken doki da ya ɗauko jarumar fim ɗin, Claudia Cardinale, daga tashar jirgin ƙasa, wanda ya zabura dokinsa ya ratsa ta tsakiyar leburorin layin dogo yana dariya. Mintunansa a fim ɗin ba su da yawa amma fuskar ta zauna min tun lokacin, sunan ne ban sani ba, Paolo Stoppa.

Dattijon nan ya bar sauran masu ciniki ya tsaya yana ba ni labari a hankali don Italiyancina bai nuna ba. Stoppa ɗan Rum ne, an haife shi 1906 ya rasu 1988, kuma a wajensu babban ɗan wasan dandali ne kafin komai. Shi da Rina Morelli suka kafa ƙungiyar wasan kwaikwayo, darakta Luchino Visconti na shirya musu wasanni tun bayan yaƙin duniya na biyu, sun daɗe suna yi a gidan wasa na Eliseo, kuma tare suka rayu har ta rasu a 1976. Har muryarsa ake ɗorawa kan 'yan fim ɗin Amurka irin su Fred Astaire idan za a mayar da fim Italiyanci.

Dattijon ne ya matsa min na haɗa da Il Gattopardo na 1963, wanda ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na Cannes a shekarar, sama da awa 3 ne fim ɗin amma Allah ban ji tsawonsa ba. A nan Stoppa ne Don Calogero, sabon mai kuɗi a Sisili da 'yarsa za ta auri ɗan sarauta, ka ga yadda yake hawo bene cikin kwat ɗin da ba ta zauna masa ba, yana sunkuyar da kai yana murmushi alhali ya san dukiyar tana dawowa hannunsa, a wajen babbar liyafar rawa ma mutane na nishaɗi shi idonsa na kan zinaren gidan yana lissafi. Sai da na mayar da wurin baya sau uku. Burt Lancaster da Alain Delon suna tsaye a gefe amma shi nake kallo. Rina Morelli ma tana ciki, ita ce matar basaraken da Burt Lancaster ya fito a matsayinsa.

Farashi babu tsada, biyun na ba da yuro 8 bayan ɗan ciniki, kuma yana buɗe kowane faifai ya nuna maka bayansa a rana ka ga ko ya karce. Inda za ka kula shi ne fassarar da ake rubutawa a ƙasan hoto, wasu ba su da ta Turanci sam, na sayi Il marchese del Grillo na 1981 inda ya fito a Fafaroma tare da Alberto Sordi, na je gida na tarar Italiyanci ne zalla kuma na mutanen Rum mai sauri. Da na koma na faɗa masa ya ce in canza, na ce a'a zan riƙe abina. Tsabar kuɗi yake karɓa, sannan ka je da wuri kafin cunkoso don da rana ta take suke fara tattara kaya, jakarka kuma ka riƙe ta a gaba. Ya ce Lahadi mai zuwa zai zo min da Miracolo a Milano na 1951, shi ma Stoppa yana ciki.