Wasan 'yan tsanan Palermo: Sarki Sharlaman a kan sandar ƙarfe

A tsohon garin Palermo, babban birnin tsibirin Sisili a kudancin Italiya, akwai ƙananan gidajen wasa da iyalai suka gada kaka da kakanni, inda ake nuna abin da suke kira Opera dei Pupi. Wasan 'yan tsana ne masu sulke da takobi, kuma kusan duk labarinsa na Sarki Sharlaman ne, wani tsohon sarkin Turai, da baradensa. Na kalli wasan yamma a ɗaya daga cikin gidajen nan, na kuma leƙa bayan labule da aka tashi. A ganina kuɗin tikitin ya biya, amma da sharaɗi biyu: mutum ya san labarin kafin ya shiga, kuma kada ya ɗauki abin da ya gani a matsayin tarihi.

Ɗakin bai fi babban zaure ba. Bencina ne na katako a jere, sai ƙaramin dandamali mai zane-zane, a gefe kuma wani fiyano da ake murza hannunsa kamar injin markaɗe, shi ke ba da kiɗan yaƙi. Wasan kan ɗauki kusan awa ɗaya. Wanda ya isa da wuri ya nemi tsakiyar layi na uku ko na huɗu. A layin farko ƙarar ƙarfe tana cika kunne, daga can gefe kuma ana hango hannun masu wasan ta bayan katangun dandamali, sai armashin ya ragu. An jera katangun nan ne suna ƙanƙancewa zuwa ciki, shi ya sa 'yar tsanar da ba ta kai ƙugun mutum ba take bayyana kamar ƙato idan an kalle ta daga tsakiya.

Aikin hannun shi ne abin da ya fi cancantar kuɗin. 'Yar tsanar Palermo tsawonta kamar santimita 80 ne, nauyinta wajen kilo 8. Gangar jikin katako ce, sulken kuma farin ƙarfe ne da tagulla da jan ƙarfe, an buge su da guduma ɗaya bayan ɗaya: kwalkwali, murfin fuska, ƙirji, kafaɗu, damtse, ƙwauri, garkuwa. Sandunan ƙarfe biyu ke tafiyar da ita. Babbar tana ratsa kai ta maƙale da gangar jiki da ƙugiya, ita ke ɗauke da dukkan nauyin. Ƙaramar tana haɗe da hannun dama mai takobi. Hannun hagu mai garkuwa zare ke jan sa. Akwai wani zaren da ke bi ta cikin dunƙulen hannun dama ya ɗaure da ƙotar takobi, da shi barde ke zare takobinsa daga kube ya kuma mayar, wani kuma na sauke murfin kwalkwali idan za a gwabza. Ba zare ke sa ta tafiya ba. Mai wasan yana karkata babbar sandar dama da hagu, nauyin ƙafafun ya riƙa jefa su gaba, kuma a nan ake gane gwani da ɗan koyo: a hannun ɗan koyo ƙafar tana jan ƙasa ko tana lilo a iska, a hannun gwani kuwa barde yana taku kamar mai ji da kansa.

Wanda ya saba da na Kataniya, a gabashin tsibirin, zai ga bambanci. Nasu sun haura mita ɗaya, suna kai kilo 25 zuwa 30, gwiwarsu ba ta lanƙwasa, takobin kuma a manne yake da hannu. Saboda nauyi daga sama ake riƙe su, mai wasan yana tsaye a kan wata gada bayan dandamali, wasu mutane daban kuma ke yin muryoyin. A Palermo daga gefe ake riƙewa da miƙaƙƙen hannu, kuma maigidan wasan shi ke yin muryar kowa, har ta mata. Na Palermo sun fi zafin nama, suna durƙuso, suna tsalle. Na Kataniya sun fi kwarjini.

Lokacin yaƙi mai wasan yana buga takalmin katako a kan allon da yake tsaye, bugun nan ne ke daidaita saran takubba da kiɗa. An ƙera wasu 'yan tsana na musamman don mutuwa: kan wani yana fita idan an zare ƙugiya, wani yana darewa biyu daga ka zuwa ƙugu. Gawarwaki su taru a gaban dandamali har su yi tsibi. Matsalar da aka fi samu a nan take faruwa. Idan barade uku ko huɗu suka cakuɗe a ɗan wuri, sandar wani kan sarƙe da zaren wani, ko zaren takobi ya maƙale a gefen sulken da ya lotsa, sai a ga jarumi yana ta fizgar hannu takobin ya ƙi fita. Shi ya sa a bayan labule ba a rasa guduma da filaya da ƙullin zare, kuma bayan wasa ake bin sulke ana gyara lotsawar. Masu ƙananan yara su sani, ƙarar tana firgita wasu.

Maganar kuwa da wani tsohon salon Italiyanci ake yin ta, mai kumbura da kirari, 'yan barkwanci kuma su yi yaren Sisili. Wanda ba ya ji sai ya dogara da alamu. Kiristoci suna tsayawa a hagun mai kallo, Musulmi, waɗanda wasan ke kira Saraceni, a dama. Karlo Manyo, wato Sharlaman, yana da kambi da alkyabba da gemu. Orlando ɗan 'yar'uwarsa yana da gaggafa a kwalkwali da ɗan harara-garke a ido, takobinsa Durlindana. Rinaldo zaki ne alamarsa, dokinsa Bayardo. Gano na Maganza shi ne maci amana, fuskarsa ma ta nuna. A da, 'yan kallo kan jefe shi da abin da ke hannunsu.

Abin da ya kamata mai kallo ya riƙe shi ne tazarar da ke tsakanin wannan sarkin da na gaskiya. Sharlaman sarkin Farankawa ne, Fafaroma Leo na Uku ya naɗa masa kambin daula a Rum ranar 25 ga Disamba 800, ya rasu a Aachen a 814. Bai taɓa mulkin Sisili ba. Yaƙin da ya cinye masa shekaru sama da 30 da Saksonawa ya yi shi, a ƙasar Jamus ta yau. Shigarsa Andalus a 778 ma gayyatarsa aka yi: Sulaiman al-Arabi, gwamnan Barcelona, shi ya nemi taimakonsa a kan Abdurrahman na Ɗaya mai Kurɗuba. Da ya isa Saragosa aka ƙi buɗe masa ƙofa, ya juya, a hanya ya rushe ganuwar Pamplona. Ranar 15 ga Agusta 778, a mashigar dutsen Roncevaux, mutanen Basko, mazauna duwatsun yankin, suka yi wa rundunar baya kwanton ɓauna suka karkashe su. Einhard, bafaden da ya rubuta tarihin sarkin, ya ambaci Roland, wato Orlando na dandamali, a cikin mamatan a layi ɗaya tak, a matsayin mai tsaron iyakar yankin Brittany, a yammacin Faransa ta yau.

Bayan shekara 300 da 'yan kai, a daidai zamanin da ake kiran yaƙin 'yan Salibiyya, aka tsara Waƙar Roland da tsohon Faransanci, layi kusan 4,000. A cikinta Baskawa sun ɓace, an maye gurbinsu da Musulmi 400,000. Sarkin da bai kai arba'in ba a lokacin yaƙin ya zama dattijo mai farin gemu da ya haura shekara 200, alhali hotonsa a kan kuɗin zamaninsa gashin baki kawai ya nuna. Aka ƙirƙiro maci amana don a sami wanda za a ɗora wa kayen, aka ba Roland ƙaho na hauren giwa da ya ƙi busawa sai da lokaci ya ƙure. Waƙar ta kuma zana Musulmi a matsayin masu bautar gumaka, abin da ke nuna mawaƙin bai san addinin da yake magana a kai ba. Sharlaman na gaskiya kuwa ya yi musayar jakadu da Halifa Haruna Rashid na Bagadaza, wanda ya aiko masa da giwa mai suna Abul Abbas. Ta isa Aachen a 802, ta mutu a 810. Giwar nan ba ta da gurbi a dandamalin.

Musulmin da zai shiga ya shirya ganin 'yan tsana masu rawani da jinjirin wata ana tsinke musu kai ana tafi. Abin ba daɗin gani, ba kuma zan ɓoye ba. Sai dai wasan ba ya mayar da su duka matsorata. Akwai manyan jarumai a cikinsu, irin su Ferraù da Agramante sarkin Afirka, waɗanda ake ba girmansu, kuma mafi munin hali a dandamalin Kirista ne na cikin fada. Wani abin mamaki shi ne garin da ake wasan. A 827 rundunar Musulmi ta sauka Sisili ƙarƙashin Asad ibn al-Furat, alƙalin Ƙairawan wanda ya yi karatu wurin Imam Malik; suka ci Palermo a 831, ta zauna hannunsu har Normawa suka karɓe ta a 1072. Unguwar Kalsa, inda gidan tarihin 'yan tsana na Antonio Pasqualino yake, sunanta daga al-Khalisa ne.

Yadda labarin ya iso nan doguwar tafiya ce. Daga Faransa ya tsallaka Italiya ta bakin mawaƙan kasuwa, Roland ya koma Orlando, sannan mawaƙan fadar Ferrara, Boiardo da Ariosto, suka ƙara masa soyayya da sihiri da hauka a ƙarshen ƙarni na 15 da farkon na 16. A 1858 wani malamin makaranta, Giusto Lodico, ya fara fitar da dukkan labaran a jere da zube, kuma daga nan masu wasan suka riƙa yanko darasin kowane dare. A hannun talakawan Sisili sarkin ya sake kama. Karlo Manyo na dandamali mai saurin fushi ne, mai jin zugar Gano, yana korar amintattunsa. Wanda leburori da masunta suka fi so shi ne Rinaldo, matalaucin barde mai yi wa sarki tawaye idan an zalunce shi. Har a jikin amalanken dawakinsu barade suke zanawa.

Ba Sisili kaɗai ba. An mayar da labaran harshen Norway na da a ƙarni na 13. A Bremen akwai gunkin Roland na dutse tun 1404, mai tsawon sama da mita 5, alamar 'yancin birnin. Kalmar “sarki” a harsunan Poland da Czech da Rasha da Hungary daga sunan Karl ta samo asali. Wani littafin baraden Sharlaman goma sha biyu da aka buga a Sifen a farkon ƙarni na 16 ya bi jiragen ruwa, shi ya sa ake samun sukuwar Kiristoci da Musulmi a Pirenópolis ta Brazil, da baitocin baraden Faransa a Filifin, da wasan rawa mai buga ƙafa na Kiristocin gaɓar Kerala a Indiya, inda sarkin ya zama Karalman. Mafi kusa da mu, a tsibirin São Tomé cikin mashigin tekun Gini, ana wasan Tchiloli, inda ake kai ƙarar ɗan Sharlaman gaban ubansa kan kisan kai, a tsibirin Príncipe da ke maƙwabtaka kuma ana cika titi da wasan Floripes, shi ma na baraden Sharlaman, duk watan Agusta.

Babban raunin abin da ake sayar wa baƙo a yau shi ne gajarta. A da labarin kan ɗauki watanni ana bin sa dare bayan dare, mutanen unguwa sun san kowane barde tun haihuwarsa, don haka daren mutuwar Orlando dare ne na kuka. Sinima da talabijin suka kwashe 'yan kallon tun shekarun 1950. UNESCO ta sa wasan cikin gadon ɗan Adam a 2001, abin da ya taimaka wa iyalan da suka rage, amma yanzu yawanci yanki ɗaya ake zaɓa, mai yawan faɗa da ƙarancin magana, saboda baƙi ba sa jin harshen. Sai mutum ya fito ya ga gwanintar hannu, bai ga dalilin da ya sa Rinaldo ke fushi ba.

Maganin wannan yana hannun mai zuwa. A fara da gidan tarihin Pasqualino, wanda aka kafa a 1975, a ga na Palermo da na Kataniya da na Napoli kusa da juna, da allunan talla na da: na Palermo an raba shi gida-gida, yawanci takwas, kowane gida darasin dare ɗaya. A tambayi wane yanki za a nuna a ranar, a karanta shi tukuna. A kuma tabbatar da lokacin tun da rana, domin ƙananan gidajen ba kullum suke buɗewa ba, wasu kuma sai an sami isassun mutane. In an tashi, a nemi izinin shiga baya a ɗaga barde ɗaya da miƙaƙƙen hannu. Kafin minti guda kafaɗa ta fara zogi, su kuwa a haka suke yin awa suna faɗa da murya uku.