Inshorar Kare da Kyanwa: Ta Gama-gari ko Mai Ƙarin Kariyar Haihuwa?

Inshorar gama-gari tana biyan kuɗin rauni da rashin lafiya, amma yawancin kamfanoni sun cire duk abin da ya shafi barbara, ciki da haihuwa. Idan an yi wa dabbarka aikin hana haihuwa, wannan ta ishe ka, kuma ta fi araha.

Mai kiwo don samun 'ya'ya kuwa yana buƙatar ƙarin kariyar haihuwa. Ita ce ke ɗaukar nauyin naƙuda mai gardama, tiyatar gaggawa ta ciro 'ya'ya, kumburin hantsa, da raguwar kalsiyam a jini, wadda ke jawo farfaɗiya ga uwa mai shayarwa, musamman ƙananan karnuka. Sai dai akwai sharuɗɗa. Cikin karya kwana 63 ne ko kusa da haka, kuma inshora ba ta fara aiki sai wa'adin jira ya cika, don haka a saya tun kafin barbara. Tiyatar da aka tsara tun farko galibi ba ta ciki, haka ma awon ciki da jinyar 'yan kwikwiyo. Idan an taɓa yi wa uwar tiyata, a tambaya a rubuce ko za su biya ta biyu.