Sony A7 III a rana da ƙurar Sakkwato: hotonta ya fi jikinta

Gwajin kyamara a Sakkwato ba ya buƙatar ɗakin bincike. A tsayar da dattijo baƙi cikin farar babbar riga da farin rawani a ƙofar Fadar Sarkin Musulmi da ƙarfe ɗaya na rana, a ce wa kyamara ta fito da fuskarsa ba tare da ta ƙone aikin da ke wuyan rigar ba. Waya da ƙananan kyamarori a nan suke sarewa: ko fuska ta zama inuwa, ko riga ta koma farar takarda. Sony A7 III tana cin wannan gwaji, kuma shi ne babban dalilin da ya sa har yau take hannun masu ɗaukar biki duk da cewa tun 2018 ta fito, lokacin da ake sayar da jikinta kaɗai kusan dala 2,000.

Kyamara ce marar madubi a ciki, mai cikakken sensa, wato farantin da ke karɓar haske ya zama hoto, milimita 35.6 a 23.8, megafiksel 24.2. Girman sensa shi ne sirrin. Idan an ɗauka da RAW, wato ɗanyen hoton da ba a sarrafa ba, a ISO 100 (ISO shi ne ma'aunin ƙarfin jin haske na sensa), ana iya rage haske don a tsare fari, daga baya a ɗago inuwar fuska da mataki uku a manhajar gyaran hoto ta Lightroom, fatar ta fito lafiya ba yashi-yashi. Amma sai an taimaka mata. Ma'aunin haskenta yana ruɗewa da yawan fari: yana ganin taron fararen riguna sai ya dushe hoton gaba ɗaya. Idan kuma an kunna Face Priority in Multi Metering, sai ya bi fuska ya ƙara haske har rigar ta ƙone. Abin da ya fi aiki shi ne a kunna Zebra a 100+, wanda ke zana layuka a inda fari ya ƙone, a murɗa ƙafar rage haske da ke saman jiki har layukan su bar kafaɗar riga, yawanci tsakanin -0.7 da -1.3. Farin da ya ƙone ba ya dawowa, inuwa kuwa tana dawowa. Wanda ke ɗauka da JPEG kaɗai don ya tura wa ango a WhatsApp kafin a tashi, rabin kuɗin kyamarar ya zubar.

Da dare ma ba ta ba da kunya. A ɗakin dina ko wurin kamu, ISO 3200 tsaf yake, 6400 ana buga shi a albam ba wanda zai ce uffan, 12800 na lalura ne. Lambar 51200 da ke cikin takarda, a bar ta a takarda. Akwai wani abu da mutane da yawa ba su lura da shi ba: a ISO 640 sensar tana sauya hanyar karanta haske, don haka inuwar hoton 640 ta fi ta 500 tsabta. In haske ya fara raguwa bayan la'asar sakaliya, gara a tsallaka kai tsaye zuwa 640.

Launi shi ne inda ake yi wa Sony gori, kuma gorin bai rasa tushe ba. In aka bar daidaita fari a hannun kyamara, fatar baƙin mutum takan karkata zuwa kore-kore a ƙarƙashin ƙwan lantarki mai araha, ko a ƙarƙashin rumfa mai launi. Maganin minti ɗaya ne: a ɗauki ma'aunin fari daga farar takarda a wurin, ko a tura daidaiton mataki ɗaya zuwa ɓangaren M, wato magenta, kishiyar kore. Ja kuwa yana fita da kyau. Jar fatar akuya da dukawa ke ɗinka jaka da fulo da ita tana fitowa da zurfinta, ba ta zama ruwan lemo. A hunturu, lokacin da hazo ya rufe gari, hoto yana fita fari-fat kamar an yayyafa masa gari. Wannan ba laifin kyamara ba ne, kuma RAW yana ɗaukar gyaran ba tare da sama ta farfashe ba.

Fokas ɗinta yana da ɗigo 693 da suka mamaye kusan dukkan fuskar hoto, ga kuma kama ido. Tun sabunta manhaja ta 3.0 da ta fito a 2019, rabin danna maɓalli ya isa ta damƙi idon amarya ta bi shi. Duk wanda ya sayi ta hannu ya duba lambar manhajar kafin komai. Sai dai injiniyoyin Japan ba su yi lissafi da amawali ba. Basaraken da ya rufe baki da haɓa, ko mace cikin niƙabi, ko amaryar da aka lulluɓe da mayafi mai ƙyalƙyali, kyamarar takan rasa fuskar ta tsallaka kan wani yaro da ke leƙe a baya. A irin wannan wuri a koma Flexible Spot M, a kai ɗigon kan ido da ɗan sandan da ke ƙarƙashin babban yatsa. A bidiyo babu kama ido, fuska kawai take bi.

A hawan Sallah tana ɗaukar hoto 10 a daƙiƙa, amma a wannan saurin, wato Hi+, abin da ake gani a kafar leƙe hoton da aka riga aka ɗauka ne, doki ya wuce kana bin inuwarsa. Hi, mai 8 a daƙiƙa, ya fi dacewa da bin mahayin da ya sako a guje. A sa saurin shata, wato labulen da ke buɗe wa haske ya rufe, a 1/1000 na daƙiƙa ko sama. Kada a yi kuskuren kunna shata marar ƙara a nan: sensar tana karanta hoto daga sama zuwa ƙasa a hankali, sai mashi ya fito a lanƙwashe, ƙafar doki ta karkace. A cikin ɗaki ma shatar marar ƙara tana jawo ratsi-ratsi a ƙarƙashin fitilun LED, musamman in janareta ne ke ja. Lantarkinmu mai bugu 50 ne, don haka saurin 1/50 ko 1/100 ke rage matsalar, ko a koma shata ta asali a kunna Anti-flicker. Wurin ɗaurin aure a masallaci, inda ƙarar kyamara ke damun jama'a kuma haske na shigowa ta ƙofa, nan ne amfanin marar ƙarar.

To, yanzu jikin. Nauyinsa giram 650 da batir da memori, ba ya gajiyar da wuya. Mariƙin gajere ne, ɗan ƙaramin yatsa yana reto a ƙasa, kuma in aka ɗaura gilashi mai kauri, gaɓoɓin yatsu suna gogar jikinsa. Menu ɗin daji ne, sai an ba shi yamma guda an tattara abubuwa goma da ake buƙata cikin My Menu. Allon baya, inci 3, yana ɗagawa sama da ƙasa amma ba ya juyowa gaba, kuma taɓa shi bai wuce zaɓar wurin fokas da zuƙo hoto ba. A ranar Sakkwato kusan ba a ganin komai a kansa sai an sa haskensa a Sunny Weather, wanda ke shan batir. Kafar leƙen mai ɗigo miliyan 2.36 ce, tana aiki, amma ba ta kai kyawun hoton da ke fita ba.

Ƙura ita ce babbar abokiyar gabarta. Tunda babu madubi, da an cire gilashi sensa ce tsirara take kallon iska, kuma wannan samfurin ba ya rufe labulen shata in an kashe shi. Sauya gilashi sau ɗaya a filin Idi cikin Disamba ko Janairu ya isa ya bar tabo a kowane hoto na ranar. A kashe kyamara, a kifa bakinta ƙasa, a sauya cikin mota ko cikin jaka, gilashi na biyu yana shirye a hannu. Don a gane ko ƙura ta shiga, a sa buɗin gilashi a f/16 a ɗauki sama ko farin bango, baƙaƙen ɗigo za su bayyana. Cleaning Mode yana girgiza sensa, amma ƙurar hunturu mai laushi ba ta cika jin girgiza ba, sai an bi da 'yar robar hura iska. Ba a hurawa da baki, ba a sa gefen riga, ba a sa auduga. In tabo ya manne, sai sandar goge sensa ta cikakken girma da ɗigo ɗaya ko biyu na ruwanta, a ja sau ɗaya daga gefe zuwa gefe, da hannu marar nauyi, domin sensar tana lilo ne a kan na'urar hana rawar hannu. Wannan ya sa gilashi ɗaya da ba a cirewa, irin Tamron 28-75mm f/2.8, ya fi hikima a nan fiye da jaka cike da gilasai. Na 28-70mm f/3.5-5.6 da ake haɗowa da ita bai kai darajar sensar ba. FE 85mm f/1.8 kuwa yana da kaifi, ga sauƙin nauyi, kuma shi ke narkar da bayan amarya yadda ake so.

Sai zafi. Sony ta rubuta cewa kyamarar tana aiki tsakanin digiri 0 da 40, Sakkwato kuwa a watan Afrilu tana haura 40 ba tare da neman izini ba. A hoto ba matsala. A bidiyon 4K alamar zafi tana fitowa, kyamarar ta kashe kanta. A sa Auto Pwr OFF Temp. a High, a janye allo daga jiki don iska ta ratsa, kada a bar ta a kan ƙafa uku cikin rana tana jiran isowar manyan baƙi. A zaɓi tsarin bidiyo na PAL a ɗauka da 25p, wato hoto 25 a daƙiƙa, wanda ke amfani da faɗin sensa duka kuma ya dace da lantarkinmu. Kowane ɗauka yana tsayawa gab da minti 30, abin lura ga mai ɗaukar wa'azi ko tafsirin azumi. Launin bidiyon 8-bit ne, in aka ɗauka da tsarin launi na S-Log3 aka matsa masa gyara, sama takan yi layi-layi. Wanda bidiyo ne abincinsa ya dubi A7 IV ta 2021, mai 10-bit da allo mai juyawa.

Batirin NP-FZ100 abin yabo ne: hoto 710 a ƙa'idar gwaji in ana duba allo, 610 da kafar leƙe, a aikace yakan wuce haka. Biyu sun isa biki tun daga ɗaurin aure har dina. Kwalin ba ya zuwa da cajar waje, ta jiki ake caji, amma tana karɓar wuta daga fawa bank ta USB-C, wanda ba ƙaramin rufin asiri ba ne ranar da aka ɗauke wuta. Jabun batura sun cika kasuwa, sukan nuna kashi 30 su mutu nan take.

Ramin memori biyu ne, na farko kaɗai ke da saurin UHS-II. In aka sa ta rubuta a duka biyun lokaci guda, tana tafiya da saurin na biyun, wasu sassan menu kuma su kulle har ta gama. Duk da haka a biki a bar shi a haka, domin ba a sake ɗaura aure saboda memori ya lalace. RAW marar matsi yana cin kusan megabait 48, mai matsi kusan rabin haka.

Mai sayen ta hannu ya ɗauki hoto ɗaya ya duba adadin bugun shata a intanet, ya gwada ramukan memori biyu, ya girgiza kebul a ƙaramar kafar HDMI ya ga ko ta yi sako-sako, ya haska sensa da tocilan don neman ƙarzuwa. Ya kuma buɗe murfin batir ya duba ciki, domin ƙasan jikin ne ya fi rauni wajen tare ruwa, kuma tsatsa a wurin alama ce cewa damina ta taɓa dukan kyamarar.