Ajin lasisin riƙe bindiga da na shiga a Houston: ya biya kuɗinsa, amma da sauran magana

Salam 'yan uwa. Tun watan jiya mutane ke tare ni bayan sallar Juma'a, wai ya ajin nan da ka je, ya yi kuwa ko asarar kuɗi ce, to bari in rubuta sau ɗaya kowa ya karanta in huta da maimaici. Ba zan kama sunan shagon ba don akwai inda zan soke su, amma dai irin shagunan nan ne da gaba ake sai da bindigogi, baya kuma akwai ɗakin harbi da wani ɗan aji mai kujeru kamar 20.

Abin da ya kai ni ba son bindiga ba ne wallahi. Tuƙi nake yi, dare da rana ina kan hanya, kuma tun shekarar da na zo garin nan na Houston, a jihar Teksas ta Amurka, akwai abin da ya tsaya min a rai. Na tsaya shan mai, na shiga biyan kuɗi, sai ga wani dattijo a gabana da fistol rataye a ƙugu yana zaɓen biskit hankalinsa kwance, yarinyar da ke kanta ko ɗaga kai ba ta yi ba, ni kuwa har na fara karanto duk addu'ar da ta zo bakina ina neman ƙofa. Mu da muka taso inda in ka ga bindiga a hannun wanda ba kaki a jikinsa to ko dai maharbi ne da adakarsa ko kuma ta ɓaci, wannan abu ba ya shiga kai da sauƙi. Shi ne na ce bari in je in ji dokar daga bakin masu ita, ko ba komai in san wanda ke gabana a layi yana kan doka ko ya karya.

Dala 65 na biya kuɗin ajin, ban da hayar bindiga da harsashi. Mun shiga takwas na safe. Malamin wani farin dattijo ne, ya ce tsohon ɗan sanda ne, kuma gaskiya a wajen bayanin doka ba ni da abin cewa, mutumin ya san aikinsa. Ya faro daga 1995 lokacin da George W. Bush yana gwamnan Teksas ya sa hannu a dokar da ta ba da lasisin riƙe ƙaramar bindiga amma a ɓoye. Sai 1 ga Janairun 2016 aka yarda mai lasisi ya rataya ta a fili kowa na gani, muddin tana cikin kubenta. Sai kuma 1 ga Satumban 2021, bayan Gwamna Greg Abbott ya sa hannu a wata sabuwar doka, aka ce ai ma ba sai da lasisi ba, in ka kai shekara 21 kuma ba ka cikin waɗanda doka ta haramta wa, ka ɗauki abarka, a ɓoye ko a fili. Doguwar bindiga kuwa irin ta farauta dama tun can ba a neman lasisi kafin a fito da ita, sai dai in ka nuna ta yadda za ta firgita jama'a, nan kuma laifi ne daban.

Nan wata mata ta ɗaga hannu ta yi tambayar da ke bakin kowa, to in ba dole ba ne me ya sa muka biya kuɗi muka zo muka zauna? Amsar da ya ba ta ita kaɗai ta isa dala 65 ɗin a wurina. Ya ce akwai dokar tarayya tun 1990 da ta hana riƙe bindiga cikin tazarar ƙafa 1,000 daga makarantar yara, amma ta cire wanda ke da lasisin jihar da makarantar take. Ku duba Houston fa, wace unguwa ce za ka yi tuƙin minti goma ba ka gifta makaranta ba? Kenan wanda ya dogara da cewa Teksas ta ce ba sai da lasisi ba, yana iya taka dokar tarayya sau biyar kafin ya kai wurin aiki bai ma sani ba. Ga kuma maganar wasu jihohi da ke karɓar lasisin Teksas, ga sauƙin saye a shago. Ni dai wannan na makaranta ne ya tsaya min.

Sai aka shiga batun allunan da ake mannawa a ƙofar shaguna, nan ne kaina ya ɗau zafi. Ashe waɗannan lambobin da nake gani a ƙofa shekara da shekaru ina wucewa duk magana suke yi. Mai 30.07 na nufin mai lasisi kar ya shigo da bindiga a fili. Mai 30.06 na nufin kar ya shigo da ita a ɓoye. Mai 30.05 kuma da marasa lasisi yake. Shago na iya manna ɗaya ya bar biyu, wato wani wurin za ka shiga da ita a ƙarƙashin riga ba komai amma da iska ta ɗaga rigar ka shiga wani babin. Kuma su 30.06 da 30.07 sai an rubuta su da Turanci da Sifaniyanci, haruffa su kai tsawon inci ɗaya, in ba haka ba allon bai cika ba. Amma ya ja mana kunne, ya ce kar wani ya tsaya yana auna haruffa da rula, in mai wuri ya buɗe baki ya ce fita da ita to ka fita kawai, domin wuce allo tara ce da ba ta wuce dala 200 ba, amma a ce ka fita ka ƙi, wannan har gidan yari yana iya kai mutum. Akwai kuma jan allo mai 51%, na wuraren da fiye da rabin cinikinsu na giya ne da ake sha a nan, shiga nan da bindiga babban laifi ne, ɗaurin shekara 2 zuwa 10. Na ce a raina wannan dai bai shafe mu ba, sai ya ce wasu gidajen abinci ma suna da shi, a dinga duba ƙofa. Kotu, rumfar zaɓe, cikin makaranta, bayan shingen bincike a filin jirgi, duk babu shiga da ita.

Na tambaye shi masallaci fa? Ya ce tun 2019, bayan harin cocin Sutherland Springs na 2017 inda aka kashe mutum 26, an gyara doka, yanzu wurin ibada kamar kowane wuri ne mai mai shi, kwamiti ne zai yanke, in ba sa so su manna allo ko su faɗa. Masu kwamitin masallatai sai ku duba ƙofofinku.

To yanzu inda suka ɓata min rai. Na farko, ana tsakiyar darasi sai wani saurayi da rigar kamfani ya shigo, aka ba shi kusan minti 30 yana tallar wata inshora wai in ka harbi mutum su za su kawo maka lauya, har da raba fom yana bi kujera-kujera yana tsaya maka a kai. Haba. Doka ta ce ajin awa 4 zuwa 6 ne, kuɗi muka biya, ba talla muka zo saurare ba. Kuma saboda wannan lokacin da aka ci, darasin ajiye bindiga a gida inda yara ba za su kai gare ta ba, wanda ni mai 'ya'ya uku shi na fi buƙata, sai aka bi ta kansa a guje kamar ana korar mu. Abin da na tsinta kawai shi ne a Teksas laifi ne ka bar bindiga mai harsashi inda yaro ƙasa da shekara 17 zai iya ɗauka.

Na biyu, mu baƙi ba a yi ajin da mu a rai ba. Akwai wani yaro ɗan Afirka ta Gabas a bayana, ɗalibi ne, ya tambaya ko shi ma zai iya, malamin ya ɗaga kafaɗa ya ce shi ba lauyan shige da fice ba ne ya wuce. Ai wannan ba ƙaramin abu ba ne da za a wuce shi haka. Dokar tarayya ta hana wanda ya shigo da bizar wucin gadi, irin ta karatu ko ziyara, mallakar bindiga ko harsashi, sai 'yan keɓance-keɓance kamar mai lasisin farauta. Mai girin kad, wato katin zama na dindindin, shi ba matsala. Don Allah ƙannenmu ɗalibai kar ku ji ana cewa a Teksas kowa na iya ɗauka ku ɗauka da ku ake, abu ɗaya zai jawo a tattara ka a mayar gida karatu ya tashi a banza. Ni na ja yaron gefe lokacin hutu na faɗa masa ya nemi lauya tukuna.

Na uku shi ne wanda har yanzu nake juyawa. Malamin duk bayan minti kaɗan sai ya zolayi Kalifoniya, wai can ba su san 'yanci ba. Ni kuma na san ɗan tarihin, ai hana yawo da bindiga mai harsashi a fili a can ya samo asali ne a 1967, bayan 'yan Black Panther, wata ƙungiyar baƙar fata masu fafutuka, sun shiga majalisar jihar a Sacramento da bindigoginsu a hannu, lokacin doka ba ta hana ba, kuma wanda ya sa hannu a dokar hanin Ronald Reagan ne da kansa yana gwamnan jihar, gwarzon su malamin. Ban faɗa ba, baƙo ba ya gyara wa mai gida zama. Amma na tambaye shi a hankali, na ce ni baƙar fata ne, ga gemu, wataran ma da kaftani da hula nake fita, in na rataya fistol a ƙugu na shiga kanti kamar dattijon can na gidan mai, kana ganin kallo ɗaya za a mana? Aji ya yi tsit. Ya ce doka ba ta san launi ba. Na ce haka ne, na yi shiru.

A takarda gaskiyarsa ne. Amma wanda zai ɗaga waya ya kira 911, lambar kiran gaggawa, ba takarda yake karantawa ba. John Crawford, a 2014, cikin babban kantin Walmart a jihar Ohio, inda doka ta yarda da riƙe bindiga a fili, bindigar iska ce ma ta kan kantar shagon ya ɗauka yana waya, wani ya kira 'yan sanda, suka zo suka harbe shi. Philando Castile a Minnesota, 2016, yana da lasisinsa, shi da bakinsa ya gaya wa ɗan sanda akwai bindiga a tare da shi, a cikin motarsa aka kashe shi ga ƙaramar yarinya a kujerar baya. Wanda ya yi shekaru a aikin ɗan sanda ya san waɗannan sunayen sarai, kuma a ajinmu kusan rabi baƙaƙe ne da 'yan Latin, da ya ba abin minti biyar da ya fi mana tallar inshora amfani. Don adalci dai, ya koya mana yadda za ka yi in an tsayar da kai a hanya, kashe mota, kunna fitilar ciki, hannu biyu a kan sitiyari, ka miƙa lasisin tuƙi haɗe da na bindiga, kar ka kai hannu ko'ina sai ka faɗa an ce to. Wannan ya yi kyau.

Abin dariyar ma, da aka tambaye shi ko shi yana ratayawa a fili, cewa ya yi a'a sam. Wai in ɗan fashi ya shigo kai zai fara nema, ga masu fizgewa ta baya a layi, in kuma dole sai ka yi to ka sayi kube mai makulli. Ya ƙara da cewa manyan shaguna ma ba sa so, gidajen abinci na Whataburger tun 2015 suka ce ban da a fili, Walmart kuma suka roƙi haka a 2019 bayan harin da aka kai shagonsu na El Paso. Kenan 'yanci ne da shi kansa mai koyar da shi ya ajiye a aljihu.

Jarrabawar rubutu ba wuya, tambaya 25, kana buƙatar kashi 70, in ka saurara za ka ci. Harbin ne ya ban tsoro don ban taɓa taɓa kunamar bindiga ba a rayuwata. Harsashi 50 ne, 20 daga yadi 3, 20 daga yadi 7, 10 daga yadi 15, maki 250 ne duka, ana son 175. A nan kam yaran ɗakin harbin sun kyauta min, wata budurwa ta tsaya a kaina ta gyara min riƙo da tsayuwa ba tare da ta sa na ji kunya ba, na fita da 211. Sai dai harsashinsu tsada kamar me, kusan ninki biyu na waje, kuma abin toshe kunnen haya duk ya sha jiki, kwana biyu kunnena na ƙara.

Bayan nan suka ba ni takardar shaidar gama aji, na cike fom a intanet na biya DPS, hukumar tsaron jama'a ta Teksas, dala 40, na je aka ɗau zanen yatsu, kati ya iso ta akwatin gidan waya cikin 'yan makonni. Na tuna lokacin da gwamnatin Zamfara a 2022 ta ce mutane su nemi izinin mallakar bindiga saboda 'yan bindiga, ƙasa ta ɗauka ana ta cece-kuce, ni ga shi nan da dala 40 da Asabar ɗaya an turo min har gida.

In maki ne zan ba su uku da rabi cikin biyar. Bayanin doka biyar cif, ɗakin harbi huɗu, talla da rashin kula da tambayoyinmu su suka ja su ƙasa. Ko ba ka da niyyar saye ina ganin ka je, musamman masu tuƙi da masu shago. Ni har yau ban sayi komai ba, uwargida ta ce ita da bindiga ba za su kwana gida ɗaya da yara ba, kuma ban ga alamar za ta sauko ba, katin na nan cikin walat bayan lasisin tuƙi.

Wanda zai je ya sayi harsashinsa 50 a waje tun kafin ranar, ya tafi da abincinsa don hutun rana gajere ne, sallar Azahar kuma a filin ajiye motoci na yi ta. Kuma don girman Allah kar ka sa riga mai buɗaɗɗen wuya irin tawa, kwanson harsashi da zafinsa ya faɗa min ta wuya ya gangara har ciki ina riƙe da bindiga ba damar tsalle, tabon na nan har yanzu.